Ina so in zama furodusa, dole sai na koma Kano?

"Assalamu alaikum Yallaɓai. Ni matashi ne daga Tudun Wada nan Kaduna, na gama HND a fannin aikin jarida a Kadpoly, na yi bautar ƙasa na dawo, aiki shiru. Tun ina yaro burina in zama furodusa na fim ko na shirye-shiryen talabijin. Kwanan nan aka raba mana gadon mahaifinmu na samu ɗan abin da ba a rasa ba, abokaina suna ta cewa in zuba a siris mu ɗora a YouTube, wasu kuma sun ce in dai ba Kano na koma ba ɓata lokacina nake. Dan Allah mene ne ainihin aikin furodusa, ana riƙe iyali da shi kuwa, kuma ta ina zan fara?"

Wa'alaikumus salam ƙanena. Allah ya jiƙan Baba ya sa Aljanna ce makomarsa, ya sa albarka a abin da ya bar muku. In na fahimce ka abu uku kake tambaya a dunƙule, wane aiki furodusa yake yi, ta ina kuɗi ke shigo masa, sannan ko zama a Kaduna zai tauye ka. Amma akwai ta huɗu da baka fito da ita fili ba, ita ce ta fi damuna, wato ko ka zuba kuɗin gadon nan a siris. Wannan bari in amsa ta tun yanzu kafin mu yi nisa, a'a, kar ka zuba, ba yanzu ba. Dalilan zasu fito a gaba.

Aikin kansa

Mu nan Arewa an saba duk wanda ya kawo kuɗi sai a rubuta sunansa furodusa a farkon fim, ko da kuwa bai taɓa kwana a wurin ɗaukar fim, wato lokeshan, ba, shi yasa matasa da yawa suke ɗauka in kana da kuɗi ka zama furodusa kenan. Mai kuɗi mai ɗaukar nauyi ne, matsayinsa daban. Darakta kuma shine mai kula da abin da zai fito a gilashi, yadda jarumi zai tsaya, inda kyamara zata kalla. Furodusa shine wanda ya ɗauko aikin tun yana labari a baki har ya kai shi ga mai kallo ya dawo da kuɗin mutane, kuma duk abin da ya lalace a tsakani wuyansa ne. Kamar uwar biki yake, ba ita ake kallo a fili ba amma duk wanda bai samu abinci ba ita zai nema.

A aikace ga yadda abin yake. Ka samu labari ka zauna da marubuci har sikirif ya tsaya, sai ka bi shi sin bayan sin, wato fitowa bayan fitowa, ka fitar da duk abin da kowane sin yake ci, mutum nawa ne a ciki, wane gida, dare ne ko rana, akwai mota, akwai asibiti, akwai taron biki da zai ci mutum hamsin da ankon su. Daga nan ka tattara duk sin ɗin da za a yi a gida ɗaya a yi su rana ɗaya ko da a labarin wata shida ne tsakaninsu, saboda ba a ɗaukar fim a jere yadda ake kallonsa, kuma a nan ne mai kontiniti yake cin abincinsa don shine zai tuna wace hula Alhaji ya sa a sin ɗin da aka ɗauka shekaranjiya. Wannan jadawalin shine kasafin kuɗinka na gaskiya, don kowace rana da aka ƙara a lokeshan hayar kyamara ce da fitilu, man inji, abincin mutane safe rana dare, masauki, kuɗin mota. Furodusan da bai iya wannan lissafin ba darakta ne zai riƙa juya shi, ranar da aka ce kwana goma sai a wayi gari an yi sha shida kuma babu wanda zai cika maka ko sisi.

Bayan an tashi daga lokeshan mutane suna ganin an gama, alhali rabi aka yi. Saura editin, gyaran sauti, gyaran kala, kiɗan da za a sa a ƙasa, fassarar da ake rubutawa a ƙasan gilashi in kana son wanda baya jin Hausa ya kalla, fosta, tirela, tacewa, sannan sayarwa. Finafinai nawa na sani da suke kwance a memori a ɗakin editoci a garin nan saboda an cinye kuɗin duka a lokeshan ba a bar na edita ba, shi kuma ya riƙe aikin, kuma gaskiyarsa ne.

Furodusan gidan talabijin aikinsa ya ɗan bambanta. Shi agogo ne ubangidansa, shirin minti talatin yana nufin ka san minti nawa talla zata ci ka cike sauran daidai, ka nemo baƙi, ka rubuta wa mai gabatarwa tambayoyi, ka tanadi wani baƙon a aljihu don ɗan siyasa zai iya kashe waya saura minti ashirin a shiga situdiyo. Albashi ne ba riba ba, kuma albashin ba wani mai yawa bane, amma horon da ke ciki babu inda zaka same shi.

Kaduna ba baƙuwa bace a harkar

Masu ce maka sai Kano ina ganin basu san tarihin garinsu ba. Talabijin ya fara a Kaduna tun 1962 ƙarƙashin kamfanin yaɗa labarai na Jihar Arewa, wanda aka fi sani da RTK, kafin a haɗe tashoshin ƙasar a kafa NTA a 1977. A nan aka yi Samanja Mazan Fama na marigayi Usman Baba Pategi, a nan marigayi Kasimu Yero da abokan aikinsa suka yi wasannin da iyayenku ke barin tuwo su je gidan maƙwabta kallo, har da Magana Jari Ce da aka ɗauko daga littafin Abubakar Imam. Duk waɗannan akwai furodusoshi a bayansu, ma'aikatan tasha masu albashi, sai dai ba a cika tuna sunayensu ba, wannan ma wani abu ne da ya kamata ka sani game da sana'ar tun yanzu.

Fim na bidiyo na kasuwa kam Kano ce ta fara, da Turmin Danya na ƙungiyar Tumbin Giwa a 1990, kuma kasuwar kaset da ta CD a can ta zauna, Ƙofar Wambai da Bata. Amma ko a lokacin Kaduna bata zauna ba, Wasila na Yakubu Lere daga nan ya fito ya girgiza kasuwa, mujallar Fim a nan aka fara buga ta a 1999, sannan daga 2007 da abubuwa suka yi tsauri tsakanin 'yan fim da hukuma a Kano mutane da yawa nan suka dawo da aikinsu. Bayan an buɗe ƙofa ga tashoshi masu zaman kansu a 1992, DITV ta nan Kaduna na cikin na farko-farko, yanzu ga KSTV ga Liberty ga NTA, ga gidajen rediyo da suma suna buƙatar mai shirya musu shiri.

Abin da Kano ta fi mu da shi har gobe shine taron mutanen sana'a wuri ɗaya. Manyan jarumai a can suke, kayan haya sun fi yawa, in fitila ta ƙone zaka samu wata cikin awa ɗaya. In ka ɗauko jarumi daga Kano zuwa nan kai zaka biya mota da otal kan sallamarsa. Mu kuma muna da namu, gari ne mai yare da yawa, ka tsallaka gada wajen Barnawa da Narayi da Sabon Tasha akwai yara masu kyamara da editin da suka goge a finafinan Turanci da bidiyon waƙa, hannunsu a sauti da haske ya fi na da yawa daga cikin namu, kuma furodusa mai wayo yana haɗa su da 'yan wasan Hausa ya fitar da abin da zai shiga kasuwa biyu. Ga jirgin ƙasa daga Rigasa zuwa Abuja inda ofisoshin ƙungiyoyi da hukumomi masu ba da kwangilar shiri suke. Don haka amsata ita ce ka riƙa zuwa Kano, ka san mutane, ka yi aiki a lokeshan ɗinsu in ka samu, amma ba sai ka kwashe kayanka ba.

Ta ina kuɗin ke dawowa

Nan ne zan daɗe, don nan ne mutane ke faɗawa rami. Da can tsarin a fili yake, ka gama fim ka kai wa 'yan kasuwa su saya ko su buga CD a raba, wani lokacin ma tun kafin ka fara ɗan kasuwa ya ba ka wani abu saboda sunan jarumin da ke fosta. Satar fasaha da masu tura fim a waya a bakin kasuwa suka kashe wannan tsarin, fim ya fito da safe kafin la'asar yana wayar kowa a kuɗin da bai kai na ruwan leda biyu ba kuma ko kwabo bai zo hannun mai shi ba. Furodusoshi da yawa a lokacin suka bar sana'ar. Abin da ya rage yanzu hanyoyi ne 'yan kaɗan kuma kowace da ƙayarta.

YouTube da abokanka ke magana gaskiya ne ana samu, siris ɗin Izzar So ya nuna haka kuma kowa ya gani. Amma basu gaya maka sharaɗin ba. Kafin tasharka ta fara cin kuɗin talla sai ta tara mabiya 1,000 da awa 4,000 na kallo cikin wata 12, in ta shiga tsarin kuma kashi 55 cikin ɗari na kuɗin tallar ne naka, kuma ba a turo maka sai ya kai dala 100. Sannan ba kowane kallo ne kuɗinsa ɗaya ba, mai kallo daga Saudiyya ko Ingila ko Amurka tallar da ake nuna masa ta fi ta mai kallo daga Rigasa tsada nesa ba kusa ba, shi yasa zaka ga mutum biyu da yawan kallo iri ɗaya amma abin da suka karɓa ba ɗaya ba. Ga kuma babbar matsalar, siris ba fim ɗaya bane, duk sati sai ka saki sabon kashi, in ka tsallake sati biyu mutane sun koma wani. To sabuwar tasha da bata da mabiya, kai kana kashe kuɗi duk sati ita kuma bata fara kawo komai ba, kuɗin gado ko nawa ne zai ƙare kafin zango na farko ya ƙare. Waɗanda kake gani suna ci sun shekara suna tara mutane da gajerun abubuwa masu arha, ko kuma suna da jarumin da mutane ke binsa duk inda ya je. Akwai hanyar ba wa mai babbar tasha aikinka ya ɗora a raba, wannan yana yi, amma a rubuce, kuma ka sa a cikin takardar cewa za a riƙa nuna maka shafin lissafin da idonka ba a gaya maka da baki ba. Wani abu kuma, kar ka bari edita ya ɗauko kiɗan Indiya ko na wani mawaƙi ya sa maka a ƙasa, na'urar YouTube tana ganewa, kuɗin kashin gaba ɗaya sai ya tafi wajen mai kiɗan.

Hanya ta biyu tashoshin talabijin. Tun da Arewa24 ta fara a 2014 ta zo da Daɗin Kowa, daga baya Kwana Casa'in, aka ga cewa siris na Hausa zai iya tsayawa da ƙafarsa a talabijin, Labarina na Aminu Saira ma ta nan da YouTube ya shiga gidaje. Da tasha iri uku ake yi. Ko su ba ka kwangila su biya, aikin ya zama nasu. Ko ka yi da kuɗinka ka ba su izinin nunawa na wani lokaci, aikin yana nan naka. Ko kuma ka sayi fili a wajensu ka nemo masu talla da kanka, wannan shine aka fi yi a tashoshin gida, kuma shine ya fi wahala don kai zaka biya tasha a kan lokaci amma mai talla sai ya ga dama. Akwai wani kamfani da muka yi wa tallar zango guda cur, sai da aka shiga wata shekarar ana zarya kafin kuɗin ya fito, a tsakanin nan 'yan wasa ni suke kira ba kamfanin ba. Kalmar da zaka fi kula da ita a kowace takarda ita ce ta mallaka, shekara nawa, a wace ƙasa, talabijin kaɗai ko har intanet. Mutane sun sayar da aikinsu har abada a kuɗin da bai fi na wata uku ba saboda basu karanta wannan layin ba.

Ta uku, wadda ba a cika faɗa ba saboda babu suna a cikinta, ita ce aikin kwangila. Shirin wayar da kai na ƙungiyoyi kan rigakafi ko karatun 'ya mace, dokumentari na ma'aikatu, tallar makarantu da masu maganin gargajiya da 'yan kasuwar Kasuwar Gumi, ɗaukar tafsiri da azumi, bukukuwa. Ka tambaye ni ko ana riƙe iyali da sana'ar, toh gaskiya mafi yawan waɗanda na sani a Kaduna da wannan suke biyan kuɗin haya da na makarantar yara, fim kuma in Allah ya kawo riba a gode. Ni kaina haka nake. Kuɗin sana'ar nan ba wata-wata yake zuwa ba, zai zo da yawa lokaci ɗaya sai kuma shiru mai tsawo, wanda bai iya ajiya ba zai sha wuya ko da aikinsa na da kyau.

Sinima da manyan manhajoji irin su Netflix ba zan ja ka da nisa a kansu ba, aikina bai bi ta can ba, nawa talabijin ne da siris da kwangila. Abin da zan ce kawai ba ƙofar mai farawa bace.

Inda zaka fara

Ka nemi lokeshan ka shiga a matsayin yaro, ko da kuwa kai ne mai rabon abinci ko mai riƙe takardar kontiniti, HND ɗinka ka ajiye ta a gida tukuna. Wurin da nake so ka sa wa ido shine kusa da furodakshan manaja, don ta hannunsa kowace naira ke fita, a nan zaka ga nawa ake sallamar kowa da gaske ba abin da ake faɗa a waje ba, wane mai gida ne ke ƙara kuɗi in ya ga an kafa fitilu, wane jarumi ne in ya ce ƙarfe tara yana nufin bayan azahar. Farashi ban kawo maka ko ɗaya ba da gangan, don yadda mai da kaya ke tashi duk abin da na rubuta yau kafin ka fara ya canza. In kuma ka samu gurbi a wata tasha ko na sa kai ne ka karɓa, shekara ɗaya a ɗakin labarai ko sashen shirye-shirye zata koya maka cika lokaci. Ƙarin karatu in kana so akwai makarantar koyon fim ta ƙasa a Jos da kwalejin talabijin ta NTA ita ma a Jos, ga sashen wasan kwaikwayo na ABU Zariya a kusa. Suna da amfani, amma babu wanda ya taɓa tambayata takarda kafin ya ba ni aiki, abin da na yi a baya ake tambaya.

Akwai ƙananan abubuwa na garin nan da sai wanda ya yi aiki a ciki. Kafin ka kafa kyamara a unguwa ka je ka gaida mai unguwa ka sanar da ofishin 'yan sanda na yankin, musamman in akwai kakin soja ko bindigar roba a sin ɗin, Kaduna ba garin da ake wasa da wannan bane. Lokeshan na ƙauye mai nisa ka tambayi mutanen wurin halin da hanya ke ciki kuma a dawo da rana. In zaka yi aiki wajen Mando da Kawo ka sa a lissafi jiragen sojan sama na atisaye zasu riƙa katse maka sauti. Damina tana ba da kore mai kyau amma tana cin kwanaki, hunturu kuma hazo na canza maka kalar sama tsakanin safe da yamma. Sannan duk daren Allah a kwafe abin da aka ɗauka wuri biyu, ɗaya ya kwana a hannunka.

Ta fuskar hukuma ka yi rajistar sunan kamfaninka a CAC, hukumar rajistar kamfanoni, ka buɗe masa asusun banki daban da naka, babu ƙungiya ko tashar da zata ba ka kwangila a asusun kanka. Ka shiga ƙungiyar masu sana'ar, MOPPAN tana da reshe a jihohi. Fim da za a sayar ko a nuna yana bi ta hukumar tace finafinai ta ƙasa da aka kafa a 1993, in kuma zaka yi aiki a Kano ko da 'yan wasan da ke da rajista a can to hukumar tace finafinai ta jihar, wadda take tun 2001, ita ma tana da nata ƙa'idojin, kuma ka ga a 2025 ta dakatar da siris 22 lokaci ɗaya kan batun kawo su a tace kafin a saki, har da manya. Ni ba lauya bane, duk takardar da ta shafi mallaka ko rabon riba ka biya lauya ya duba, kuɗinsa bai kai abin da zaka rasa ba. Marubucinka ma ku yi a rubuce ko da abokinka ne tun firamare.

Sai mu dawo kan gadon. In ka shekara ɗaya ko biyu kana bin lokeshan har yanzu ranka na so, ka ɗebi ɗan kaɗan wanda in ya tafi ba zai hana ka barci ba, ka yi gajeren fim na minti goma ko kashin gwaji guda ɗaya, gida ɗaya, 'yan wasa uku ko huɗu, ka kashe mafi yawan kuɗin a sauti da marubuci don mutanenmu suna yafe hoto mai duhu amma basa yafe maganar da basa ji. Ka kai shi bikin finafinai na Kaduna da ake yi duk shekara, ka ɗauke shi a waya ka shiga ofis-ofis da shi, tashoshi, masu manyan tashoshin YouTube, kamfanonin da ke talla da Hausa. Ranar da wani ya sa hannu cewa zai saya ko zai ɗauki nauyin wani kaso, ranar ce zaka fitar da jadawalin cikakken zango, kuma ko a nan ka ware kuɗin edita da na ko-ta-kwana gefe tun kafin a kira jarumi na farko. Kyamara kuma kar ka saya, abokai zasu matsa maka a kan wannan, ka yi haya, duk bayan ɗan lokaci sabuwa ke fitowa taka ta faɗi a kasuwa. Sauran kuɗin ka yi shawara da Hajiya da yayyenka a sa shi a fili ko wata sana'ar da ke kawo wani abu duk wata. In ka shirya fara bin lokeshan ka sake yi min magana, akwai aikin da muke shirin fita bayan sallah kuma ana neman mai taimaka wa furodakshan manaja.